Tambaya da Amsa: Nawa Ne Ainihin Kuɗin Gidan da Aka Saya da Rancen Banki?

A wannan fitowa mun tattaro wasiƙun masu karatu a kan rancen gida na jingina, wato wanda banki ke riƙe takardun gida har sai an gama biya.

Tambaya: Na karɓi rancen naira miliyan goma a kan ruwa kashi 6 cikin ɗari, biya a shekara ashirin. Shekara biyar ke nan ana cire mini N71,643 duk wata. Da na nemi sanin abin da ya rage sai aka ce kusan miliyan takwas da rabi. Anya ba cutata ake yi ba? — Malamin makaranta, Zariya

Amsa: Malam, lissafin daidai yake. Abin da ake cire maka duk wata kashi biyu ne: kuɗin ruwa na wannan watan, da ɗan abin da ke rage uwar kuɗi. Ruwan kuwa ana lissafa shi ne a kan abin da ya rage a kanka a wannan lokacin. Kashi 6 a shekara, in an raba shi gida goma sha biyu, ya zama rabin kashi ɗaya a wata. A watan farko ana bin ka miliyan goma cif, don haka ruwan ya kama N50,000. Cikin N71,643 da ka biya, N21,643 ne kaɗai suka taɓa uwar kuɗin. A wata na biyu bashin ya koma N9,978,357, ruwansa N49,892, abin da ya shiga uwa N21,751. Haka abin ke tafiya, ruwa na raguwa kaɗan-kaɗan, rabon uwa na ƙaruwa, amma sai an yi wajen shekara takwas da rabi kafin rabon uwa ya zarce na ruwa.

A wata sittin ka biya kusan N4,298,600. Daga ciki wajen N2,788,500 ruwa ne, N1,510,000 ne suka sauka daga bashin, saura kimanin N8,490,000. Idan ka ci gaba a haka har wata 240, jimillar abin da za ka biya ita ce kusan N17,194,000.

Ka je bankin ka nemi jadawalin biya, takardar da ke nuna kowane wata nawa ya tafi ruwa, nawa ya tafi uwa, nawa ya rage. Haƙƙinka ne. Ka gwada ta da takardar bayanin asusunka. Inda ake samun matsala ta gaske shi ne watan da aka cire kuɗi daga albashi amma ma'aikatarka ba ta tura wa banki a kan lokaci ba. Banki zai rubuta maka latti, ya ɗora tara, kai kuwa ba ka sani ba. Mai kwamfuta ko waya mai Excel yana iya duba lissafin da kansa: ya rubuta =PMT(0.005,240,-10000000) zai ga adadin da muka ambata.

Tambaya: An ba ni zaɓi tsakanin shekara goma, ashirin da talatin. Zuciyata ta fi kwanciya da talatin saboda biyan wata ya fi sauƙi. Me kuka gani? — Ma'aikaciyar jinya, Katsina

Amsa: 'Yar'uwa, amsar tana ga yawan ruwan da aka sa miki, kuma ba ki faɗa mana ba, don haka bari mu duba fuska biyu.

A kan miliyan goma da ruwa kashi 6, shekara goma N111,021 ne a wata, jimilla kusan miliyan 13.3. Shekara ashirin N71,643, jimilla miliyan 17.2. Shekara talatin N59,955, jimilla miliyan 21.6. Ki lura da tsakanin ashirin da talatin: sauƙin da kika samu a wata bai kai N12,000 ba, amma kin ƙara wa kanki kusan miliyan 4.4 da shekara goma na biya.

Duk da haka, idan ruwan ƙarami ne kuma a tsaye yake, irin na Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, dogon wa'adi ba laifi ba ne. A ƙasar da hauhawar farashi ta haura kashi 30 a 2024, N59,955 ta bana ba za ta yi nauyin da take da shi ba nan da shekara goma, matuƙar albashi na ɗan motsawa.

Rancen bankin kasuwa wani abu ne dabam. A ce ruwan kashi 20 ne. Shekara goma N193,256 a wata, jimilla miliyan 23.2. Shekara ashirin N169,882 a wata, jimilla miliyan 40.8. Sauƙin N23,000 a wata ya jawo ƙarin miliyan goma sha bakwai da rabi. A watan farko na wannan rance na shekara ashirin, N166,667 ruwa ne, N3,216 kacal ke rage bashi. A irin wannan ruwan, ra'ayinmu shi ne ki ɗauki mafi gajeren wa'adin da albashinki zai iya ɗauka, ko ki rage girman rancen, ko ki haƙura tukuna.

Abu biyu za su iya yanke miki hukunci tun kafin ki zaɓa. Masu ba da rance ba sa son biyan wata ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da ke shigo miki, don haka mai son biyan N71,643 sai albashinsa ya kai wajen N215,000. Sannan ana son a gama biya kafin ritaya, wadda ga yawancin ma'aikatan gwamnati take zuwa a shekara 60 na haihuwa ko 35 na aiki. Mai shekara 45 ba zai samu fiye da goma sha biyar ba, kuma biyansa a kan miliyan goma da kashi 6 zai zama N84,386.

Tambaya: Ƙungiyar adashinmu ta ma'aikata na ba da rancen gini a kan kashi 10, wani banki kuma ya ce kashi 14. Ai na ƙungiya ya fi araha ko? — Ma'aikacin ƙaramar hukuma, Gombe

Amsa: Yallaɓai, sai ka tambayi sakataren ƙungiya a kan me ake lissafa kashi goman. Ƙungiyoyi da yawa suna lissafa ruwa a kan kuɗin farko gaba ɗaya, kowace shekara, kamar ba ka taɓa biyan ko sisi ba. Miliyan goma a shekara goma: miliyan ɗaya sau goma, ruwa miliyan goma, jimilla miliyan ashirin, N166,667 a wata. Da a kan ragowar bashi ake lissafa wannan kashi 10, da N132,151 za ka riƙa biya, jimilla miliyan 15.9. Kashi 10 na lissafin farko daidai yake da kusan kashi 16 na lissafin ragowa. Ka ga ke nan kashi 14 na bankin yana iya fin sauƙi.

Hanyar gwaji ɗaya ce ga kowane tayi: a rubuta maka biyan wata da yawan watanni, ka ninka, ka haɗa da duk cajin da za a karɓa a farko. Ga ƙungiya kuma ka sa ribar da ake raba wa mambobi a ƙarshen shekara cikin lissafi, domin tana mayar maka da wani abu.

Tambaya: Ban da kuɗin ruwa, me kuma zan tanada? Wani abokina ya ce kuɗin takardu sun kusa karya shi. — Ɗan kasuwa, Kantin Kwari, Kano

Amsa: Alhaji, abokinka ya faɗi gaskiya, kuma yawancin waɗannan kuɗaɗe a hannu ake biyansu kafin banki ya saki ko kobo.

Na farko shi ne naka kason na kuɗin gidan, domin da wuya banki ya biya duka. Idan aka ce kashi 20 a gidan miliyan goma sha biyu da rabi, miliyan biyu da rabi daga aljihunka za su fito. Kuma banki ba ya bin farashin da kuka daidaita da mai gida. Yana tura mai ƙiyasta darajar gida, kai za ka biya shi, in ya ce gidan miliyan goma sha ɗaya ne, a kan wannan za a lissafa rancen, cikon kuma naka ne. Ma'aikaci mai asusun fansho yana da wata ƙofa a nan: tun 2022 hukumar kula da fansho ta ƙasa, wato PenCom, ta amince a ciri har kashi 25 na abin da ke asusun don biyan wannan kaso, in an cika sharuɗɗa.

Sai kuɗin lauya da na binciken takardu a ma'aikatar filaye, don a tabbatar gidan ba ya jingine a wani wuri kuma ba rigimar gado a kansa. Sai amincewar gwamna. Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta ce ba a sayar ko jinginar da filin da ke da takardar mallaka ta gwamna sai da yardarsa, kuma tun 1989, a shari'ar bankin Savannah da Ajilo, Kotun Ƙoli ta rushe jinginar da aka ƙulla ba tare da ita ba. Shi ya sa banki ba ya wasa da wannan mataki. Akwai kuɗin kan sarki da na rajista, waɗanda kowace jiha da nata farashin, da bashin harajin fili da tsohon mai gida ya tara, wanda sai an share shi kafin takarda ta motsa. Ka sa a yarjejeniyar ciniki cewa mai sayarwa ne zai biya wannan. Ga la'adar dillali, ga cajin banki na sarrafa rance, wanda in kashi ɗaya ne a miliyan goma, N100,000 ke nan.

Masu maimaituwa duk shekara su ne inshorar gobara da ta rai. Ta ran ita ce ke biyan ragowar bashi idan mai rance ya rasu, don kada a fitar da iyalinsa. Kada ka bari ta yanke. Wanda bai natsu da inshorar da aka saba ba ya tambaya ko bankin zai karɓi takaful, wato inshora irin ta tsarin Musulunci.

Gidan da takardarsa ta tsaya a shaidar mai unguwa da yarjejeniyar ciniki ba ya shiga jinginar banki. Ka fara da neman takardar mallaka kafin ka nemi rance.

Tambaya: Ba na son abin da ya shafi riba. Shin bankunan da ba sa mu'amala da kuɗin ruwa sun fi sauƙi? — Uwargida, Sakkwato

Amsa: Hajiya, hukuncin shari'a a kan kowace yarjejeniya na malamai ne, ki kai musu takardar su karanta. Mu lissafi za mu yi miki.

Tun da bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, wasu sun biyo baya, irin su TAJBank da Lotus. Hanyoyin da aka fi sani biyu ne. A murabaha, banki ne ke sayen gidan ya sayar miki da riba sananniya. In ya saya miliyan goma ya sayar miki miliyan goma sha shida a shekara goma, N133,333 za ki riƙa biya, kuma farashin ba ya motsi ko da kasuwa ta juya. Wannan adadin ya yi kusa da na rance mai kashi 10 a kan ragowar bashi, don haka halacci ba ya nufin araha, sai kin gwada jimilla da jimilla. Ki kuma tambaya a rubuce: idan na gama biya da wuri, za a yi mini rangwame? A murabaha bashin duka miliyan goma sha shidan ne, ragin kuwa galibi bisa ganin damar banki yake.

Ta biyu ita ce musharaka mai raguwa. Ke da banki kun yi tarayya a gidan, a ce kina da kashi 20, yana da 80. Kina biyan haya a kan kasonsa, kina kuma sayen kason kaɗan-kaɗan. In hayar gidan duka N100,000 ce a wata, da farko N80,000 za ki biya, ranar da kika mallaki rabi ta koma N50,000. Abin dubawa a nan shi ne sau nawa ake sake duba hayar, da wane ma'auni, kuma wa ke ɗaukar babban gyara kamar rufi ko katangar da ta faɗi.

Tambaya: Na samu miliyan ɗaya na gado. In zuba a rancen gidana ko in bar shi? Kuma me zai faru in na kasa biya wata rana? — Direban ma'aikata, Bauchi

Amsa: Allah Ya jiƙan mamaci. Mu ɗauki irin rancen malamin Zariya, bayan shekara biyar, saura N8,490,000. In ka zuba miliyan ɗaya ka ci gaba da biyan N71,643, za ka gama kusan wata 32 kafin lokaci, ka tsira da wajen miliyan 1.27 na ruwa. In ka ce a rage maka biyan wata a bar wa'adin yadda yake, biyan zai sauka da kusan N8,400, abin da ka tsira da shi kuma bai wuce N519,000 ba. Ka rubuta wa banki wasiƙa cewa kuɗin na rage uwar bashi ne, ka faɗi wanda ka zaɓa cikin biyun, ka karɓi sabon jadawali. In ba haka ba, ana iya ajiye kuɗin a riƙa cire biyan watanni masu zuwa daga ciki, ruwan kuma bai ragu ba. Ka duba yarjejeniyarka ko akwai tara a kan biya da wuri. Idan kuma kana da wani bashi mai ruwa mafi tsada, shi za ka fara kashewa, kuma ka bar kuɗin biyan wata uku a gefe.

Ka duba kuma ko ruwan naka a tsaye yake ko yana bin kasuwa. Ma'aunin ruwa na Babban Bankin Najeriya ya kai kashi 27.5 a ƙarshen 2024, kuma bankunan kasuwa na ɗaga nasu idan ya hau. Rancen miliyan goma na shekara ashirin da ya tashi daga kashi 20 zuwa 24 tun yana sabo, biyansa zai koma wajen N201,700. Ruwan wata kaɗai ya kai N200,000, don haka wanda ya tsaya a kan tsohon biyan N169,882 bashinsa ƙaruwa yake yi.

Game da gazawa, ka je bankin tun kafin watan ya faɗi, ka nemi a sake tsara biyan, a rubuce. In bashi ya taru, takardar jinginar da ka sa wa hannu ta ba banki ikon sayar da gidan bayan sanarwa. Zai ciri ragowar bashi da tara da kuɗin lauya da na gwanjo, abin da ya yi saura naka ne. In kuɗin gidan bai kai ba, ana ci gaba da bin ka cikon. Gwanjo ba ya kawo farashin kasuwa, don haka idan ka tabbatar ba za ka iya ci gaba ba, ka nemi izinin banki ka sayar da gidan da kanka, a biya shi daga kuɗin cinikin, ka karɓi ragowar.