Ɓoye wasa guda ɗaya a Steam ba tare da rufe komai ba

Ɗan'uwa, in na fahimce ka, akwai wasa ɗaya da ba ka so abokanka su ga kana bugawa, amma sauran kana so su ci gaba da gani. Yana yiwuwa, tun da Steam, manhajar saye da buga wasannin kwamfuta, suka fito da wannan tsarin a 2024.

Shiga Library, wato jerin wasanninka, ka danna maɓallin dama na mouse a kan wasan, ka zaɓi Manage, sannan Mark as Private. Daga nan ba wanda zai ga kana da shi, ko awa nawa ka ɓata a kai, ko cewa kana ciki yanzu. In sabo za ka saya, tun a kwandon sayayya za ka iya sa shi a sirri, kuma hakan ya fi, don kafin ka ankara wani ya riga ya hango.

Inda ake yawan tafka kuskure shi ne Hide this game, wani zaɓin da shi ma yake cikin Manage. Ni ma na taɓa danna shi na saki jiki, washegari wani abokina ya turo min "awa arba'in a wasan gona, Malam?" Ashe daga idona kaɗai na ɓoye shi. Amfaninsa sai in ƙaninka na zama a kwamfutarka, to a nan ka haɗa biyun.

Ka kuma leƙa Discord, manhajar hira ta masu buga wasanni, in kana amfani da shi, shi yana tallata abin da kake bugawa da kansa, sai ka kashe a saitinsa. In kuwa ka yi duk wannan wasan bai ɓoyu ba, tuntuɓi Steam Support kai tsaye, kada ka ba kowa kalmar sirrinka wai zai gyara maka.