Zauren Marubuta: Addinin Masu Gina Abin da Suka Gani a Mafarki

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina rubuta ƙagaggen labari na wata ƙasa da babu ita a taswira. Mutanenta suna bin wani addini da na ƙirƙiro: duk ginin da ɗayansu ya gani a mafarki, wajibi ne a gina shi ya zama ɗakin bauta. Na kai babi na 6, amma duk wanda na ba ya karanta sai ya ce addinin bai zauna ba, kamar fenti ne a kan bango. Ina gyaran yake?
Wata marubuciya daga Unguwar Rogo, Jos

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Ba mu ga rubutun ba, amma ciwon sananne ne. Marubuci yakan ƙirƙiro abin da mutane suka yi imani da shi, ya manta da wanda ke cin moriyarsa da wanda ke ɗaukar ɗawainiyarsa. Tun da kowa yana mafarki, tambayar farko ita ce: mafarkin wa ake ginawa?

Tarihi zai taimake ki. Gudeya, mai mulkin Lagash a kudancin Iraƙi ta yau, wajen shekara 2100 kafin haihuwar Annabi Isa, ya sa an rubuta cewa a mafarki aka umarce shi ya gina wa abin bautarsu Ningirsu ɗaki. Ya ga wani ƙato da zakuna a gefensa, da mace riƙe da alƙalami tana duba allon taurari, da jarumi yana zana tsarin ginin, ga kwando da abin buga bulo a ajiye. Bai gane ba. Sai da ya shiga jirgin ruwa ya je neman fassara a wurin bautar Nanshe, wata abar bautarsu. Rubutun Gudeya yana nan a gidan tarihi na Louvre a Faris. Abin lura, sarki ne sukutum, amma bai taɓa ƙasa ba sai da aka fassara masa. Ke nan a labarinki mai fassara ne ke riƙe da wuƙa da nama. Ki yanke shawara: gado ake yi, ko koyo? Su nawa ne? Me ake ba su? Idan biyu suka saɓa, wa ke raba gardama?

A Masar kuma, Fir'auna Tutmos na 4 ya kafa dutse mai rubutu tsakanin ƙafafun gunkin nan mai jikin zaki da kan mutum a Giza, yana cewa ya yi barci a inuwarsa, aka yi masa alkawarin sarauta in ya kwashe yashin da ya binne gunkin. Ko makaho ya ga amfanin wannan mafarki ga mai neman gadon sarauta. Ki sa mutum ɗaya aƙalla a labarin da zai yi ƙaryar mafarki don ya mallaki fili.

Sannan me ake yi a cikin ɗakin bayan an gama? A Efidawurus ta ƙasar Girka, a ƙarni na 4 kafin haihuwar Annabi Isa, marasa lafiya sukan yi wanka, su ba da hadaya, su kwana a wata doguwar rumfa mai tsawon kusan mita 70 suna jiran a nuna musu magani a mafarki. Da safe su faɗa wa masu hidimar wurin, waɗanda suka warke kuma a sassaƙa labarinsu a jikin dutse don na baya su karanta. Matakai ke nan a jere: tsarki, biya, kwana, ba da labari, adanawa. Ki tsara naki, ki riƙe su daram daga babin farko zuwa na ƙarshe. Mai karatu yana yafe abin mamaki, ba ya yafe dokar da ta sauya ba dalili.

Yanzu ga inda muke ganin naman labarin yake, wato ginin kansa. Mafarki bai san nauyi ba, ƙasa kuwa ta sani. In ginin ƙasa suke yi irin namu, sai an kwaɓa ƙasa da ciyawa, an tattake, an mulmula tubali, ya sha rana ya bushe sarai. Ba a ɗaga bango a yini ɗaya. Ana jera 'yan layuka a bari su sha iska, in an yi gaggawa na ƙasa ya lotsa. Gindin bango ya fi samansa kauri. Azarar giginya, wadda gara ba ta cika ci ba, ba ta wuce kimanin mita 2 ba tare da tokari ba, shi ya sa magina suka ƙware a bakan gizo, wato gini mai lanƙwasa da ke ɗaukar nauyin rufi, don rufe babban soro. To, a ce yarinya ta yi mafarkin ɗaki mai faɗin taku 40 babu ginshiƙi ko ɗaya. Sarkin magina ya san zai rufta. Mai fassara ya ce haka aka gani. Shin magini zai saka ginshiƙi a ɓoye cikin bango, ko zai bi umarni a kwashi gawa? Babi uku ke nan kin samu.

Kada ki manta da damina. Aikin tubali na rani ne, don haka mafarkin da aka yi a watan Yuni sai ya jira kaka ta wuce, kuma kafin nan mai mafarkin ya manta rabi ko ya ƙara gishiri. Idan ƙasarki mai ruwa ce kamar Jos, gindin ginin yana son dutse, rufin yana son indararo mai tsawo da zai jefa ruwa nesa da bango, ga shafen makuba da ake samu daga ɓawon ɗorawa, ga yaɓe duk shekara. Garin da ya gina ɗakuna 30 ya ɗauko wa kansa yaɓe 30 kowane rani. Wa zai yi noman rani, wa zai yi yaɓe? Wane ɗaki za a bari ya zube, kuma me ake cewa game da zuriyar wanda ya yi mafarkinsa?

Kina da sa'a kina Jos. Ki ware yini guda ki je gidan tarihin gine-ginen gargajiya da ke kusa da gidan tarihi na Jos, inda aka kwaikwayi ganuwar Kano da aikin shahararren magini Babban Gwani Muhammadu Durugu na Zariya. Ki tsaya ƙarƙashin bakan gizo, ki ɗaga kai, ki taɓa bangon ki ji sanyinsa.

Tambaya: Ni ma ina da irin wannan tunani, amma ina tsoron a ce na taɓa addini.
Wani ɗalibi daga Bukuru

Amsa: Malam, tsoronka yana kan hanya, musamman a gari irin namu da masallaci da coci ke maƙwabtaka. Hukuncin shari'a dai na malamai ne, ka kai musu tambayar. Ta fuskar rubutu, kada ka ari komai daga addinin da mutane ke bi: ba sunan annabi, ba lafazin addu'a, ba siffar salla ko ta wa'azin coci, ba kalmomi irin su liman ko fasto. Ƙirƙiri sunayenka daga sana'ar gini da barci, kamar "mai tsaron tabarma" ga wanda ke kwana da masu neman mafarki. Kada ka sa labarin a wani gari na gaske ko ka jingina shi ga wata ƙabila ta Filato. Idan kuma a Kano za ka buga ko ka sayar, ka tuna akwai hukumar tace fina-finai da ɗab'i ta jihar, ka nemi sanin ƙa'idojinta tun kafin ka kai wa maɗaba'a kuɗinka.