Maigidana ya rasu yana aikin gwamnati: ko ɗansa zai iya maye gurbinsa?

Tambaya: Barista, Allah Ya ƙara basira. Maigidana ma'aikacin gwamnatin tarayya ne, ya rasu a hatsarin mota a hanyarsa ta dawowa gida daga ofis, ya bar ni da 'ya'ya biyar. Babban ya gama digiri da bautar ƙasa. Wani abokin aikin marigayin ya ce idan muka kawo "wani abu" za a saka yaron a gurbin mahaifinsa. Shin wannan haƙƙinmu ne? Ina cikin takaba, ban fara fita ba.

Amsa: Hajiya, Allah Ya jiƙan maigida, Ya ba ku haƙurin rashi, Ya raya abin da ya bari.

Ba zan ɓoye miki ba: kujerar gwamnati ba ta cikin kayan gado. Babu dokar tarayya da ta tilasta wa ma'aikata ɗaukar ɗan mamaci, kuma ɗaukar aiki yana bin ƙa'idojin hukumar ma'aikata da na raba daidai tsakanin jihohi. Ko a Indiya, inda suke da rubutaccen tsari na ware har kashi 5 cikin 100 na wasu ƙananan guraben ga iyalan waɗanda suka rasu a bakin aiki, Kotun Ƙolinsu ta yanke tun 1994 cewa agaji ne don iyali su tsallake halin ƙunci, ba gado ba. A nan Najeriya kuwa alfarma ce zalla. Yaron ya rubuta takardar roƙo zuwa ga shugaban ma'aikatar, ya haɗa da takardunsa, ya bi ta hannun ƙungiyar ƙwadago ta wurin, ya ajiye kwafin da aka buga wa hatimin karɓa. Ana dacewa. Amma kotu ba za ta tilasta ba, kuma "wani abu" da aka ce ki kawo sunansa cin hanci, mai bayarwa ma doka na iya hawa kansa. Kada ki ba da ko sisi.

Abin da ya fi damuna shi ne kada ku saki reshe ku kama ganye, domin akwai kuɗi uku da doka ta ba ku.

Dokar Fansho ta 2014 ta wajabta wa mai ɗaukar aiki ya yi wa kowane ma'aikaci inshorar rai da ba ta gaza ninki uku na jimillar albashinsa na shekara ba. In ma ba a biya kamfanin inshora ba, nauyin ya koma wuyan ma'aikatar. Sai kuma kuɗin da ya taru a asusun fanshonsa. Kamfanin fansho ba zai sake su ba sai da wasiyyar da kotu ta tabbatar ko takardar kotu ta ikon kula da dukiyar mamaci. Ku tambaye su tun farko wace takarda suke karɓa, kafin ku ɓata kuɗin mota. Nan ne rigima take yawan ɓarkewa a gidaje: wanda marigayi ya rubuta a fom a matsayin makusanci yakan ɗauka kuɗin nasa ne. Ba haka ba ne. Kuɗin asusun na magada ne, a raba bisa shari'a, ke da tumunin ki tunda akwai 'ya'ya, iyayensa ma da rabonsu in suna raye.

Na ukun shi ne wanda mutane suka fi mantawa, kuma shi ne mai wa'adi. Dokar biyan diyyar ma'aikata ta 2010, wadda hukumar asusun inshorar ma'aikata, wato NSITF, ke kula da ita, ta haɗa har da hatsarin da ya auku tsakanin wurin aiki da gida. Matar da ke da 'ya'ya biyu ko fiye, waɗanda suka dogara kacokan ga mamacin, doka ta tanadar musu kashi 90 cikin 100 na albashinsa duk wata. Sai dai ana son a shigar da buƙata cikin shekara ɗaya da rasuwar. Takaba wata huɗu da kwana goma ce, saboda haka kada a jira ki fita. Babban ɗanki ya fara zirga-zirgar yanzu.

Ya tattaro takardar asibiti, da shaidar rasuwa ta Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa, da rahoton 'yan sanda kan hatsarin, da takardar kama aiki, da takardar albashi ta ƙarshe, da lambar asusun fansho. Idan albashi ya ci gaba da shigowa bayan watan rasuwar, kada a taɓa, a sanar da ofis a rubuce, don za a nemi a mayar.

Idan ma'aikatar ta yi ta jan ƙafa kan inshora ko fansho, ku kai kuka hukumar kula da fansho ta ƙasa, wato PenCom, a rubuce. In hakan bai yi ba, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke da hurumin sauraron irin wannan ƙara, kuma a matakin nan sai ki nemi lauya ya duba takardun da idonsa.