Ya janye ƙara, ina makomar ɗaukaka ƙarar da na yi?

Tambaya: Malam, ɗan baffana ya kai ni Kotun Shari'a kan gidan gado a Ƙofar Mazugal. Alƙali ya tsayar da karɓar kuɗin haya har a gama shari'a, na ɗaukaka ƙara kan wannan umarni. Dattawa suka shiga, ɗan baffan nawa ya janye ƙararsa. Lauyana ya ce ɗaukaka ƙarar ta mutu, ni kuwa ina so a tabbatar alƙalin ya yi kuskure. Kuma gidan ya zama nawa ke nan?

Amsa: Lauyanka ya yi gaskiya. Umarnin wucin gadi reshe ne, ƙarar ce tushe, kuma an sare ta. Malamai sun ce mai ƙara shi ne wanda in ya bari a kan bar shi. Alƙali kuwa yana zama ne don raba husuma, ba don ya sanyaya wa wani rai ba. Na ji zafin da ke cikin wasiƙarka, ɗan'uwa, amma ka sanar da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta rufe fayil. Kada ka taɓa hayar sai ka riƙe takardar ɗage umarnin a hannu.

Abin da ba ka faɗa ba shi ne mai sauya hukunci: me ɗan baffanka ya furta a gaban alƙali? "Na janye" ya ce, ko "na yafe rabona"?

Wasu na cewa janyewa iƙirari ce cewa ba shi da haƙƙi. Wannan magana ba ta da ƙafa. Mutum kan janye don kunyar baffanninsa, ko kuɗin mota sun gagare shi, ko shaidarsa ya tafi Legas neman abinci. Wanne ne iƙirari a nan? Iƙirari sai da furuci. Ko ta'ajizi, wanda a mazhabar Malikiyya ke rufe wa mai ƙara ƙofar sabuwar hujja, alƙali ne ke yanke shi bayan ya ba da wa'adi, ba ya aukuwa don mutum ya daina zuwa kotu. Wasiƙar Sayyidina Umar ga Abu Musa ta nuna haƙƙi daɗaɗɗe ne, ba abin da ke ɓata shi. To ina ga janyewa kawai? In hukuncin alƙali kansa ba ya halatta haram, shirun abokin shari'a bai isa ba.

In yafewa ya yi, ba tilas, rabonsa ya faɗi. Rabonsa kaɗai. Bai yafe rabon ƙannensa mata ba, balle na marayu.

Ka koma wurin dattawan nan tun ana ɗasawa, a rubuta sulhun da shaidu biyu, a kai alƙali ya tabbatar. Hayar da ta taru kuma a lissafa ta wata-wata, a raba bisa gado.

Allah ne Mafi sani.