Ni ma na sha wahalar neman littafin yara a Garwa ta Kamaru

'Yar uwa, tambayarki ta inda za ki samo wa yara littafin aikin hannu, na naɗe takarda da na waƙoƙi, don kada hutun nan ya ƙare a kan waya, ta taɓa ni ƙwarai. Halin da na shiga bara ke nan.

Na zaga babbar kasuwa har ƙafata ta gaji, ba komai sai littattafan makaranta. A wurin masu shimfiɗa tsofaffi a ƙasa na ga guda, an riga an yanke rabinsa. Daga ƙarshe Yawunde na aika, ya biyo jirgin ƙasa zuwa Ngaundare, sannan mota. Na Faransanci ne, na naɗe takarda irin na Japan da ake kira origami. Sefa dubu tara har kuɗin aike, daga adashina.

Bai yi kwana goma ba na tafi suna. Ina dawowa na tarar yayar maigidana ta yayyage shi tana hura gawayi. Wallahi har yanzu in na tuna ƙirjina zafi yake. 'Yata mai shekara 8 tana zaune bakin ƙofa riƙe da bangon, ko kuka ta kasa. Kwana uku tana fama da tsuntsun nan mai kaɗa fuka-fuki, saura naɗi biyu ta gama, shafin ya tafi wuta. Da na yi magana sai yayar ta ce ai takarda ce kawai, wai ina ɓata kuɗin ƙaninta. Kuɗina ne fa! Maigida ya ce in yi haƙuri, na yi, amma ita har yau ba ta ba yarinyar haƙuri ba.

Don Allah in kin samu, ranar nan ki kai a yi miki fotokofi, ki kulle na asali a akwati. Kada rashin Faransanci ya tsorata ki, zanen da kibiyoyin sun isa. Takardar dai ta zama murabba'i: ki naɗe kusurwa ɗaya ta haɗu da gefe, ki yanke rarar. Tsofaffin littattafan rubutunsu sun wadatar. Gam kuwa, ki jiƙa ƙaro ya kwana, ko ki dama sitacin rogo. Yara maza kuwa ki bar su da karan dawa, motar da suke ƙerawa da shi ta fi ta littafi kyau.

Waƙa ce ta fi ba ni tausayi. Yara suna haddace ta hankaka da dila ta La Fontaine, marubucin Faransa, a makaranta, 'yata ta rera ta tas ba ta san cuku ne a bakin hankakan ba. A layi Fulatanci, a aji Faransanci, Hausar sai a ɗaki. Na sa 'yan kasuwa masu zuwa Kano ta Yola su duba min, amma ko an kawo, ƙ da ɗ da ɓ suna tsayar da su, ba wanda ya koya musu. Sai na zaunar da Inna tana rera waƙoƙin gaɗa da na cikin tatsuniya, ni ina rubutawa, yarinyar tana zane a gefe. Mun kai 23.

Littafin origamin kuwa, shafi 14 suka tsira daga wutar. In kina kusa da unguwar Yelwa ki yi min magana, in ba ki ki yi fotokofi.