Ga ɗan'uwan da ke shirin barin tace hoto

Ɗan'uwa, ka ce ka gaji, darakta na kwashe yabo kai kana kwasar zagi, kana tambaya ko tace hoto, wato aikin editan fim na yankawa da haɗawa, ya taɓa kai mutum wani matsayi. Wallahi duk wanda ke wannan sana'a ya san ciwon nan. Ya kai mutane, kuma wadda nake so ka bincika Bafaranshiya ce, Françoise Bonnot.

An haife ta a 1939, ta rasu a 2018. Mahaifiyarta Monique Bonnot ma edita ce, ta tace finafinan darakta Jean-Pierre Melville, don haka a gida ta tarar da sana'ar. Lokacin babu kwamfuta. Zaren fim mai faɗin milimita 35 ake yankawa da hannu a liƙe, hoto 24 a kowace daƙiƙa, guntun da aka cire a rataye shi da lamba, in ya ɓace sai a wuni ana nema. Dole ka san dalilin yanka kafin ka yanka.

Fim ɗin Z na darakta Costa-Gavras, 1969, shi ya ba ta kyautar Oscar. An gina shi kan kisan ɗan majalisar Girka Lambrakis, aka ɗauka a Aljeriya. Ka zauna ka kalli yadda harin yake ta dawowa, kowane mai ba da shaida da yadda ya gani, amma mai kallo ba ya ruɗewa. Aikin edita ke nan. Fim ɗin Missing na 1982 ya kawo mata BAFTA, kyautar finafinai ta Birtaniya. Kusan shekara talatin suna aiki tare da Costa-Gavras, har zuwa 1997, daga baya ta riƙe darakta Julie Taymor, ita ta tace mata fim ɗin Frida na 2002. Abin da nake so ka gani shi ne ta samu daraktocin da suka yarda da idonta, ta zauna da su.

Shi kuwa darakta irin naka, Allah ya sawwaƙe. Zai kawo maka faifai babu lambar sin, wato fitowa, babu hoton kusa ko ɗaya, ƙarar janareto ta cinye maganar jaruma. Ya zauna a bayanka yana cewa mayar, cire, mayar. Ka kwana kana rufa masa asiri, gari ya waye ya gaya wa furodusa kai ka lalata fim. Ranar haskawa a kira kowa da suna, har mai abinci, a tsallake ka. Wannan ya fi rashin biya zafi, kuma ba wanda zai ba ka haƙuri.

Kada ka taɓa aiki sai an rubuta kuɗi, da sau nawa za a yi gyara, da inda sunanka zai fito. Kowane gyara ka ajiye shi daban da kwanan wata, ranar musu shi ne shaidarka. Kwafi faifan wuri biyu kafin ka fara.

Sannan ka duba saurin hoton. In kamara ta ɗauka a hoto 25 a daƙiƙa, aka haɗo da na waya mai 30 wanda saurinsa ke hawa da sauka, baki zai riƙa saɓawa da murya a dogon sin. Mayar da na wayar 25 tukuna, sauti kuma ka bar shi a kilohaz 48.

Yanka a tsakiyar motsi, lokacin da hannu ke kai wa ƙofa, ido ba zai ga ɗinkin ba. A hira, bar muryar mai amsa ta riga fuskarsa shigowa kaɗan. In ka gama sin, kashe sauti ka kalle shi. Inda ka kasa gane wa ke fushi da wa, nan za ka koma ka gyara.