Amsa: Wane yare ne tsohuwar take yi a wasan nan?

Malam, ka ce a wasan kwaikwayon Amurka da kake kallo da Faransanci a nan Garuwa, akwai tsohuwa a cikin hamada da take gaisuwa da wata kalma mai kama da "yaa'at'ee", kuma ba a fassara maganarta ba. Wannan yaren Nabaho ne, na 'yan asalin ƙasar da ke jihohin Arizona, New Mexico da Utah. Su kansu Diné suke kiran kansu. Gaisuwar tasu ana rubuta ta Yá'át'ééh, godiya kuwa Ahéhee'. In ka ji waɗannan biyun a bakinta, magana ta ƙare. Da yaren nan ne sojojin Amurka na rundunar Marines suka riƙa aika saƙonnin sirri a Yaƙin Duniya na Biyu.

Sai dai ka kula, kada tufafi da hamada su ruɗe ka. Yaren Apache ɗan'uwansa ne na kusa, kamar yadda Kanuri da Kanembu suke a bakin Tafkin Chadi, kuma baƙon kunne zai iya ɗaukar wannan a matsayin wancan. Ni abin da ya fara jan hankalina shi ne sautukansu: suna da irin "ƙ" da "ts" namu masu fitowa da ƙarfi daga maƙogwaro, ga hawa da saukar murya kamar Hausa, har na zaci zan tsinci wata kalma tamu. Ka jira ƙarshen wasan ka karanta sunayen da ke wucewa, sau da yawa akan rubuta wanda ya koya wa 'yan wasan yaren.